Rumbu Uku da Ba Su Taɓa Ganin Gero Ba

Nana ce ta kawo mini maganar kwanakin baya da ta zo hutu. Ta ce a wani gidan biki a Tasawa wata tsohuwa ta riƙe hannunta, ta dube ta sama da ƙasa, ta tambaye ta ko ita ce ɗiyar mai shirin Tumbatsa, wanda kansa ya taɓu ya rushe kayan aikinsa da rana tsaka. Kai kuma Bashir, na san abin da ka ji daban ne, wai faɗa muka yi da Lawali, ɗan wasana, a kan wanda ya fi wani suna, na yi fushi na kashe shirin. Ban taɓa gyara muku ko ɗaya ba, domin muddin yayana Haruna yana raye, labarin ba nawa ba ne ni kaɗai, kuma shi mutum ne da ba ya son a ɗaga zancensa ko da na alheri ne. Yanzu ya riga mu gidan gaskiya, Allah ya kyauta makwancinsa. Zan faɗa muku yadda abin ya kasance, ku san irin gidan da kuka fito.

Aikina a gidan talabijin a Yamai aiki biyu ne da aka ɗora wa mutum ɗaya saboda ƙarancin hannu. Ni ke shirya wasan ban dariya: in nemo labari, in zaɓi 'yan wasa, in tsaya bayan kamera, in zauna wurin haɗa hotuna. Ni ne kuma mai tsara wurin da za a yi wasan, abin da muke kira dekor. Na biyun shi ne ainihin abin da raina ke so. Tun ina ƙarami a ƙauyenmu na kusa da Baudeta, idan ruwa ya ɗauke nakan zauna bakin tabki in gina gidaje da laka, da zaurensu da ɗakunansu, sannan in kwanta rub da ciki, in rufe ido ɗaya, in leƙa ta ƙofar zauren. In na daɗe ina leƙe sai gidan ya girma, har in ga kamar zan iya sunkuyawa in shiga, in tarar da mutane zaune suna jirana. Ranar da na fara sa idona a kamera, abin da na gani ke nan. Duk abin da aka gina da gaske yakan girma a cikinta, wanda aka gina da ha'inci kuwa sai ya ƙanƙance. Na kuma lura da wani abu wanda ba a koya mana a makaranta ba. Ɗan wasan da ya san bangon da ke bayansa kwali ne, ba ya sakin jiki ya jingina. Kafaɗarsa takan riƙe kanta. Mai kallo ba zai iya faɗin abin da ya gani ba, amma dariyarsa takan tsaya a maƙogwaro. Saboda haka na yi wa kaina doka: in wasa yana buƙatar ƙofa, a yi ƙofar da ke rufuwa, in yana buƙatar tukunya, a kawo wadda ta sha wuta.

Labarin Alhaji Tumbatsa a cikin mota ya zo mini, tsakanin Mayahi da Gidan Amumune, ina gyangyaɗi ina farkawa. Rumbuna suna ta wucewa a bakin ƙauyuka, kowanne da jinkarsa, kamar dattawa sanye da malafa sun zauna shawara. Sai na tambayi kaina, wa ya san abin da ke cikinsu? Ba kowa. Ku da kuka tashi a birni ba ku san nauyin wannan ba. A wurinmu ba a leƙa rumbun wani. Maƙwabci ba ya leƙawa, aboki ba ya leƙawa, ko matar gida ba ta hawa ta duba na mijinta, sai dai ya fitar da dami ya miƙa mata. Abin da ke cikin rumbu tsakanin mutum ne da Ubangijinsa. To, sai na ƙaga mutumin da ke da manyan rumbuna uku waɗanda babu ko ƙwaya a cikinsu, amma duk gari na girmama shi saboda su. Ana kawo masa kaji, ana ba shi gaban sahu, ana neman shawararsa, kowa na fatan ranar da zai buɗe. Mai kallo ya sani, mutanen garin cikin wasan ba su sani ba. Dariyar duka a nan take.

Lawali ne na ba wa rigar Tumbatsa. Tela ne a Mayahi, siriri kamar karan dawa, da murya kamar ta mai shanu ɗari. Mun fara gwadawa a ɗakin ɗaukar hoto a Yamai da rumbunan katako da aka shafa wa fenti. Da na leƙa kamera sai na ga gawa uku. Na roƙi daraktanmu ya bar ni in kai shirin ƙauye, ya yi ta jan ƙafa saboda kuɗin esansi, wato man mota, da wahalar hanya, daga baya ya yarda. Wurin da ya faɗo mini a rai shi ne wata 'yar saura ta Yaya Haruna, wadda ke manne da dangar gidanmu. Da na roƙe shi, bai ko ɗaga kai daga igiyar da yake tufkawa ba.

"Gonar uba ce. In kai ba ka yi wasa cikinta ba, wa zai yi?"

Shekarar an yi kaka mai albarka, ciyawa ta wadata. Na kira masu saƙar zana na gaske, na sa aka ɗauko duwatsu aka jera, aka ɗora gadon itace, aka tayar da rumbuna uku da suka fi kowanne a ƙauyen tsayi da ciki. Aka yi musu jinka mai kauri wadda ruwa ba ya ratsawa. Matar Yaya, Tsahara, wadda tsakanina da ita sai wasa tun ranar da aka kawo ta, takan leƙo ta saman danga da muciya a hannu.

"Mijina na birni, in ka gama gina wa iska ɗaki, ga nawa can shina yoyo."

"Naki ba zai fito a tele ba," na ce mata.

"Yo ai gara. Kada a ga irin mijin da na samu."

Inna, mahaifiyarmu, ita ba ta yi dariya ba. Ta zagaya su sau ɗaya da sandarta, ta ɗaga kai ta dubi jinkar, ta ce sun yi kyau ƙwarai, ta koma ɗakinta. Daga baya ne na gane a bakinta wannan ba yabo ba ne.

Lokacin da ya biyo baya, in na tuna shi yanzu, kamar mafarkin rana nake ganinsa. Mukan zo mu yi makonni muna ɗauka, mu koma Yamai mu haɗa. Da yamma nake son aiki, sa'ad da rana ta karkata ta zuba wa zanar nan wani launi kamar na zuma. Lawali yakan jingina tsani, ya tattare babbar riga, ya hau a hankali yana nishi irin na masu arziki, ya ɗaga gefen jinka, ya tura kansa ciki ya daɗe. Sannan ya fito yana girgiza kai, yana cewa shi kam wannan albarka ta fara damunsa, ba wurin sa hannu. Ya sauko da zangarniya ɗaya tak, wadda tun farko a hannun rigarsa take, ya miƙa wa mai roƙo kamar ya ba shi doki. Mutanen ƙauye sukan zauna a bayan igiyar da muke jawa, suna toshe baki da gefen zane don na hana a yi ƙara. Wani lokaci in ɗaga ido daga kamera in rasa wanne ne ƙauyen gaske, na gabana ko na bayana. Tantabaru suna sauka a kan jinka ba wanda ya gayyace su. Inuwar rumbunan takan miƙe har ta taɓa dangarmu, ta haura, ta kwanta a tsakar gida inda Tsahara ke daka.

Shirin ya karɓu fiye da yadda na zata. A tasha 'yan kabu-kabu suna kiran duk mai fahariya Tumbatsa. Ni kuwa duk sa'ad da za mu tafi, sai in yi wa rumbunan abin da na ga ubanmu yana yi wa nasa. In ɗaure jinka da igiya tam saboda iska, in share ƙarƙashinsu in zuba toka saboda gara, in kewaye su da ƙaya don kada awaki su cinye zanar. Kayan aiki nake tsarewa. Ban tsaya na dubi lamarin da idon manomi ba. Manomi ba ya ɗaure wofi, ba ya yi wa wofi shingen ƙaya.

A damina ta biyu ruwa ya ɗauke daidai lokacin da gero ke fitar da kai. Ina Yamai na ji labari, kamar yadda ake jin irin wannan a birni, a bakin matafiya. In na kira Yaya a waya sai ya ce lafiya lau, an dai gode Allah. Na aika abin da na saba aikawa, na ci gaba da haɗa hotuna. Ban sake zuwa ba sai da bazara, da mota cike da 'yan wasa, da sababbin labaran Tumbatsa a kaina.

Tun daga bakin gari na ga wani abu ya sauya. Mutanen da suka saba tare mota suna kiran Lawali da sunan wasansa, yanzu sai su ɗaga hannu daga nesa su kau da kai. Zauren Yaya, wanda ba ya rabuwa da masu hira, na same shi shi kaɗai a ciki, wuyansa ya fito daga riga kamar ba tasa ba. Cikin gida ba ƙarar turmi. Tsahara ta kawo mini ruwa, ba ta ce mini mijina ba. Sai da na bi ta bayan ɗaki inda take tsinke ganyen tafasa, sannan ta yi magana, ba ta dube ni ba.

"Tun da kaka ta ɓaci suke zuwa. Na Gidan Amumune sun zo, na Mayahi sun zo, waɗanda ko bikinmu ba su zo ba sun tuna da zumunta. Kawu Idi ya taho tun daga Maijirgi da amalanke, da buhunna a ninke. Kowa ya zauna a zaure, idonsa na kan waɗancan."

"Amma ai kowa ya san babu komai ciki. A tele ma haka aka nuna."

"Shi ne wayon, in ji su. Wai kai da yayanka kunka saye gero lokacin araha kunka zuba, kunka sa tele ta gaya wa duniya wofi ne don kada a roƙa. Sun ce wa ya taɓa ganin an yi wa wasa jinka irin wadda ba ta yoyo?"

"Shi Yaya me ya ce musu?"

"Mi zai ce? Duk wanda ya zo sai ya hau namu ƙaramin, ya sauko masa da dami. Mutum ya karɓa, ya dubi dami ɗaya, ya dubi manyan nan uku, ya tahi ba ko godiyar kirki. Namu ya ƙare tun watan jiya. Ya ba da abincinmu, kuma sunansa marowaci."

Na koma zaure. Na tambayi Yaya me ya hana shi kwance igiya ya nuna musu. Ya daɗe yana murza zaren da ke kan cinyarsa kafin ya amsa.

"Usmanu, in na ce wa Kawu ya hau ya leƙa, na ce masa yana zargina da ƙarya, kuma na ce masa maroƙi ne. Ba zai hau ba. Ko ya hau, daga sama duhu zai gani, gobe a ce kwashewa munka yi. Kuma kai ka ɗaure su. Aikinka ne, da shi kake ci da iyalinka."

"Da ka gaya mini."

"Da ka yi mi?"

Na tashi na fita. Inna ce ta kira ni ɗakinta bayan la'asar. Ita ba ta taɓa kiran sunan Yaya ba tun da ta haife shi, saboda ɗan fari ne, sai dai ta ce wancan.

"Yunwa tana wucewa," ta ce. "Na ga wadda ta fi wagga, ga ni zaune. Amma wancan, in ya mutu da sunan da sunka sa masa, 'ya'yansa za su gaje shi. Kai ka iya gini. Ban sani ba ko ka iya wani abu bayan shi."

Na fita na zauna a gindin gawon da ke bakin saurar, ina kallon rumbunan. Zafin rana yana sa su rawa kaɗan-kaɗan, kamar suna kan ruwa. Ban taɓa gina abin da ya kai su kyau ba, kuma har yau ban sake ba. A nan lissafin ya fito mini sarai. Rumbun da ya taɓa riƙe gero ba ya ɓoyuwa ga manomi, in dai ya ga gindinsa a fili: akwai ƙaiƙayi a saƙar zana, akwai kashin ɓera, akwai warin da ba ya fita. Dole ke nan a farke su har ƙasa, da rana, a gaban jama'a. Amma jama'ar ba za su zo kallon cikin rumbun Haruna ba, kunya ba za ta bar su ba. Abu ɗaya ne kowa ke da izinin kallo ba tare da ya ci mutuncin kowa ba, shi ne wasa. In Tumbatsa ne rumbunsa ya faɗi, kowa na iya buɗe ido. Kuma dole a nuna shi a tele, domin dangin da ke Mayahi da Gidan Amumune su ma su gani. Na kuma san abin da hakan ke nufi. Ranar da mutanen garin cikin wasan suka ga abin da mai kallo ya sani, dariya ta ƙare.

Na kira darakta na faɗa masa. Mutumin kirki ne, ya saurare ni har ƙarshe.

"Bon, Usman, ba a sare bishiyar da ake shan inuwarta. Ka kwashe dekor ɗinka ka kai wani ƙauye."

Na ce masa in na kwashe, cewa za a yi da geron na tafi. Sai ya ce zai nuna abin da na kawo, amma in sani lokacin da shirin ke ciki ba zai zauna yana jirana ba, akwai masu nema.

Lawali ne mai wuyar. Na same shi a bayan mota yana gyara rawanin Tumbatsa a madubi.

"Kafin rigar nan," ya ce, "in na ratsa kasuwar Mayahi ko kare bai ɗaga kai. Yanzu ka ce in kashe mutumin da hannuna."

"Ba mutuwa zai yi ba."

"Mutumin da aka ga cikin rumbunsa, mi ya rage masa?"

Ya warware rawanin ya sake naɗawa.

"Na ci tuwon Tsahara ba sau ɗaya ba. Zan yi. Amma kada ka ce mani in ji daɗi."

Muka sa aka yi shela cewa ran kasuwa da yamma za a ɗauki wasa mafi girma, kowa ya zo. Na aika kabu-kabu har Maijirgi ya ɗauko Kawu Idi, na ce ina son dattawa a cikin taron. Labarin da na tsara mai sauƙi ne. Tumbatsa ya aro bijimin sa don ya yi fahariya da shi a ce nasa ne, ya ɗaure shi a gindin rumbu, makaɗi ya buga ganga, sa ya firgita. Mutane sun cika bayan igiya fiye da kullum, sai dai ba mai toshe baki, don ba wanda ya zo da dariya. Yaya bai fito ba. Ina iya hango gefen rigarsa a ƙofar zaure.

Da gangar ta tashi, san ya zabura, igiya ta miƙe. Rumbun bai faɗi da sauri ba. Ya karkata a hankali, kamar tsohon da barci ya ɗauka a zaune, jinkarsa ta zame ta yi birgima, tantabaru suka watse sama. Da ya taɓa ƙasa ko ƙara bai yi sosai ba, sai wani huci, zanar ta buɗe. Hasken yamma ya shiga cikinsa karo na farko. Ciyawar ciki tana nan rawaya fes, kamar ranar da aka saƙa ta.

A rubuce, Tumbatsa zai daka tsalle ya ce ɓeraye sun yi masa fashi, ya nemi a kira mai gari. Lawali ya buɗe baki zai faɗa, sai ya dubi mutanen da ke bayan igiya, na gaske, ba 'yan wasa ba. Ya rufe bakin. Ya karɓi lauje daga hannun wani, ya ce da muryarsa ta tela, ba ta Tumbatsa ba:

"To, tun da kun ga ɗaya, ku ga sauran."

Ya farke na biyu daga sama har ƙasa, ya farke na uku. Ban ce a tsaya ba. Kawu Idi ya ɗaga igiyar da ke tare 'yan kallo ya shigo cikin hoton, abin da ba wanda ya taɓa yi. Ya tsuguna a bakin na farko, ya shafa zanar da tafin hannu, ya kai hanci. Ya leƙa ƙarƙashin gadon itacen, inda da gero ya taɓa zuba ko kaɗan, da an ga busasshen gyauron da damina ta fitar. Toka kawai ya gani. Ya bi sauran biyun haka, ba ya gaggawa. Sannan ya miƙe, ya kakkaɓe hannu.

"Wanga bai taɓa ganin gero ba," ya ce.

Ba da ƙarfi ya faɗa ba, amma kowa ya ji. Na ga yadda maganar ta bi taron, na kuma ga lokacin da ta biyun ta iso musu, wadda ba wanda ya furta: in nan babu komai, to dammunan da suka karɓa daga ina suka fito? Wasu suka juya suka dubi ƙaramin rumbun da ke cikin gidanmu. Mutane suka watse a hankali, ba mai duban wani.

An nuna shi a tele yadda yake, ban yanke Kawu ba. Masu kallo a birni sun ji haushi, sun ce wannan ba ban dariya ba ne, kuma sun yi gaskiya. Aka ba wani lokacin shirin. Na ci gaba da aiki shekaru ina yi wa masu karanta labarai bango da teburi, ina gina wa shirye-shiryen wasu ɗakuna, amma ban sake samun shirin kaina ba. Na kawo labarai biyu ko uku, ba su tashi ba, kuma ba zan ɗora wa kowa laifi ba, ni kaina na ji ba su da rai. Lawali ya koma kan kekensa a Mayahi. Ya daɗe ba ya ɗaukar wayata. Bai zage ni ba, bai kuma yafe mini da baki ba, sai dai rigar da na saka ranar sunanki, Nana, shi ya ɗinka ta ya aiko. Wannan shi ne faɗan da kuka ji an ce mun yi.

Amma kafin in koma Yamai a wancan zuwan, na yi 'yan kwanaki a gida. Ba wanda ya zo ya ba Yaya haƙuri. A wurinmu ba a yin haka, domin ba da haƙuri yana nufin ka amsa cewa ka yi zargin. Har na fara tunanin ko na rushe aikina a banza. Sai wata safiya muka ji ƙarar amalanke. Kawu Idi ne. Ya shigo zaure, aka gaisa, ya zauna ya yi ta zancen ƙafar jakinsa da tsadar igiya, har rana ta ɗaga. Da zai tashi sai ya fita ya dawo da wani ɗan buhu da aka ɗinke bakinsa, ya ajiye a gaban Yaya.

"Irina ne," ya ce. "Shi kaɗai ya rage mani na shuka. Zan tahi kudu neman aiki har ruwa ya sauka. Gidana akwai yara, in na bar shi can ba zai kai damina ba. Ka riƙe mani."

Kawu ya san abin da ke cikin tukunyar gidanmu, ya san ganye ne. Yaya ya dubi buhun, ya dubi kawunsa.

"Kawu, nan ma akwai yara."

"Na sani," in ji Kawu. "Amma nan akwai kai."

Yaya ya miƙe, ya ɗauki igiyar da ya tufka, ya ɗaure buhun, ya rataye shi a azarar zaure, daidai inda duk mai shigowa zai gan shi. A ƙarƙashinsa suka zauna da yunwarsu, shi da Tsahara da Inna da yara, har ruwa ya sauka. Da Kawu ya dawo, ɗinkin da ya yi da hannunsa shi ya warware.